Jawabin Maraba ga Mai Girma Kwamishinan Lafiya na Jihar Kano, daga Kwamitin Iyaye Mata na Fagge

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Ranka ya daɗe, muna yi maka barka da zuwa kai da tawagarka. Ƙoƙarinka a kan lafiyar talakawa sananne ne, shi ya sa za mu fara da buƙatarmu: muna roƙon kayan gwajin cutar ƙanjamau da ma'aikaciya mace a asibitin unguwarmu.

Fagge zangon fatake ce tun zamanin ayarin raƙuma, kuma har yau baƙi daga Nijar da Chadi suna sauka a nan saboda Kantin Kwari. Muna alfahari da hakan, amma 'ya'yanmu mata ne ke talla a cikin wannan cunkoso. Binciken ƙasa na 2018 ya nuna cewa 'yan mata masu shekara 20 zuwa 24 sun ninka samari tsaransu sau uku wajen kamuwa da cutar.

Yarinya ba ta iya buɗe baki a gaban mahaifiyarta kan irin wannan magana, kunya ba za ta bar ta ba, amma tana faɗa wa ƙawarta komai. Saboda haka muka sa aka koyar da wasu 'yan matanmu, su kuma suna koya wa tsararrakinsu a Islamiyya, a wajen ƙunshi da gidajen biki. Suna bayyana musu cewa cin abinci a kwano ɗaya ba ya yaɗa cutar, cewa reza da allurar da wani ya yi amfani da su haɗari ne, kuma mai ciki da ta je awo ta sha magani za ta iya haihuwar jaririnta lafiya. Ba a biyan su ko sisi.

Abin da ke ƙona mana rai, ranka ya daɗe, shi ne yarinya ta shafe makonni tana lallashin ƙawarta, su je asibiti a ce kayan gwaji sun ƙare, ko su tarar da namiji a ɗakin da kowa ke jin abin da ake faɗa. Wadda aka mayar gida haka da wuya ta sake komawa. Tun da dokar gwaji kafin aure ta 2024 ta fara aiki, masu neman gwajin sun ƙaru.

Muna kuma buƙatar littattafan wayar da kai da Hausa da ajami, amma idan abu ɗaya za a yi mana, to kayan gwajin nan da ma'aikaciya mace, da ɗaki mai ƙofa.

Allah ya mayar da kai gida lafiya.