Adoor Gopalakrishnan da fim ɗin Indiya marar rawa da waƙa

Jama'a masu sauraro, assalamu alaikum. Idan aka ce fim ɗin Indiya a ƙasar Hausa, abin da ke fara faɗo wa mutum a rai shi ne rawa da waƙa irin ta finafinan harshen Hindi da ake shiryawa a Bombay, wato Mumbai a yanzu, waɗanda gidajen silima na Kano da Kaduna suka daɗe suna haskawa. Sharhinmu na yau kuwa ya nufi jihar Kerala da ke kudu maso yammacin Indiya, inda ake magana da harshen Malayalam, domin duba aikin darakta Adoor Gopalakrishnan, wanda ya bi wata hanya dabam.

An haife shi a shekarar 1941, a gidan da ke riƙe da wasan gargajiya na Kathakali. Ya ajiye aikin gwamnati a 1962 ya tafi makarantar koyon shirya fim ta birnin Pune, da ya dawo gida kuma ya haɗa kai da abokansa suka kafa ƙungiyar Chitralekha a 1965, suna nuna wa jama'a finafinan ƙasashen duniya, domin a ganinsu ba a shuka sai an gyara gona. Fim ɗinsa na farko, Swayamvaram, ya fito a 1972, ya ci lambar gwarzon fim ta ƙasar Indiya, kuma daga kansa ake lissafin sabon salon da ya shigo finafinan Malayalam. Daga wannan shekara zuwa 2016 dogayen finafinai 12 kacal ya yi, abin da wani daraktan kasuwa zai iya tarawa cikin 'yan shekaru ƙalilan. Duk da haka an ba shi lambar Dadasaheb Phalke ta 2004, wadda babu sama da ita a harkar fim a Indiya.

Asirin salonsa shi ne haƙuri da kuma yarda da hankalin mai kallo. Ba ya yanke labari don a yi waƙa, ba ya cika kunne da kiɗa, kuma yakan bar kyamara ta tsaya a kan mutum guda har sai shirun da ya yi ya faɗi abin da bakinsa ya kasa faɗa. A fim ɗin Elippathayam na 1981, wato tarkon ɓera, mun ga Unni, magajin gidan masu filaye da zamani ya juya wa baya, yana zaune a kujera 'yan'uwansa mata suna yi masa hidima, ba ya tsinana komai. Sau da dama ana nuna ƙaramarsu ɗauke da tarko ta nufi tafki don ta nutsar da ɓeran da ya shiga, kuma ba sai an gaya wa mai kallo wane ne ɓeran gaskiya a gidan ba. Fim ɗin ya ci kofin Sutherland na Cibiyar Finafinai ta Birtaniya a 1982.

Gaskiya ne wasu na kukan cewa finafinansa tafiyar hawainiya suke yi, kuma wanda ya saba da faɗa da raye-raye zai iya yin hamma tun ba a je ko'ina ba. A ganina wannan jinkiri shi ne aikin kansa, kuma babu inda hakan ya fi fitowa fili kamar Mathilukal, ma'ana katangu, wanda ya ɗauko daga littafin marubuci Vaikom Muhammad Basheer. Jarumin fim Mammootty ne ya fito a matsayin Basheer, fursunan siyasa a zamanin mulkin Turawa, wanda ya kamu da son wata fursuna mai suna Narayani da ke bayan katangar sashen mata. Tun daga farkon fim har ƙarshe ba a nuna fuskarta ko sau ɗaya ba, muryarta kawai ake ji, sai busasshen reshe da take jefowa sama da katanga don ya san ta iso. Sun yi alkawarin haɗuwa a asibitin kurkuku, amma kafin ranar ta zo sai takardar sakinsa ta iso, aka fitar da shi ba tare da ya taɓa ganinta ba.