Lacca: María Félix, jarumar Meziko da ta ƙi Hollywood

Assalamu alaikum. Malamai da ɗalibai, barkanmu da yamma. Na baya kuna ji na? To madalla.

An haifi María Félix a garin Álamos na jihar Sonora a 1914. Ba ta taɓa shiga makarantar wasan kwaikwayo ba. A titi wani mai suna Fernando Palacios ya gan ta a birnin Meziko, ya yi mata tayin fim.

Ta kuma shigo a kan gaɓa. Yaƙin basasa ya durƙusar da masana'antar fim ta Sifen. Da yaƙin duniya na biyu ya ɓarke, Amurka ta rage wa Ajantina zaren ɗaukar fim saboda ta ƙi shiga yaƙin, ta tallafa wa Meziko. Sai kasuwar masu jin Sifaniyanci ta faɗo hannun Meziko.

Fim ɗin da ya ɗaga ta shi ne Doña Bárbara na 1943, wanda Fernando de Fuentes ya ba da umarni, daga littafin Rómulo Gallegos ɗan Benezuwela. Ku lura da kyau a nan. A lokacin an saba ganin mace ko dai uwa ce mai kuka, ko yarinyar da aka yaudara. Sai ga mace a kan doki, mai filaye da garken shanu, maza sun zalunce ta tana budurwa, ta girma tana juya su yadda ta ga dama. Laƙabin La Doña daga nan ya bi ta har kabari.

Ni dai Enamorada na 1946 na fi so. Janar ɗin 'yan juyin juya hali ya kama garin Cholula, ya faɗa son 'yar attajirin garin, ita kuwa mari ta fara ba shi. Emilio Fernández ne darakta, Gabriel Figueroa ke riƙe da kyamara. Akwai inda ake rera mata waƙa da dare, Figueroa ya matso da kyamara kan idanunta kawai. Ba ta ce uffan ba, amma kowa ya san ta sauko. Wannan fim ya ba ta kyautar Ariel, wato babbar lambar yabon finafinan Meziko, Río Escondido da Doña Diabla suka ƙara mata biyu.

Hollywood ta neme ta, ta ƙi, don ba ta yarda da irin matsayin da ake ba matan Latin Amurka a can ba. Ta tafi Sifen da Italiya da Faransa, har ta yi French Cancan da darakta Jean Renoir, ta kuma yi aiki da darakta Luis Buñuel. A ganina ba su kai na gida ba.

Masu suka na cewa kanta kawai take kwaikwaya a kowane fim. Da ƙamshin gaskiya, musamman a finafinan juyin juya halin da ta yi daga baya, irin su La Cucaracha da La Generala, wanda shi ne na ƙarshe cikin 47 da ta yi. Ta rasu a 2002.

Lokaci ya ja. Mai tambaya ya ɗaga hannu, a miƙa masa makirufo.