Jean Rouch, Baturen da Sorkawa suka gyara wa fim

Jama'a, ku dubi wannan kogi na Isa da ya ratsa Yamai. A kansa wani Bafaranshe mai suna Jean Rouch ya koyi sana'ar fim, alhali aikin da ya kawo shi ƙasar nan ta Nijar a 1941 shi ne shimfiɗa hanya, don injiniya ne.

Son yawo gado ya yi. Mahaifinsa hafsan sojan ruwa ne, yana cikin waɗanda suka shiga jirgi zuwa ƙuryar kudancin duniya, inda ƙanƙara ba ta narkewa. A 1942 aradu ta faɗa wa leburorinsa, ta kashe wasu. Damouré Zika, saurayin da ke aiki da shi, ya kai shi wurin kakarsa, wadda ta san harkar bori. Abin da ya gani ran nan bai sake shi ba har mutuwarsa.

A 1946 ya komo da abokai biyu, suka bi kogin cikin kwalekwale tun daga tushensa a Gine har bakin teku a Najeriya, tafiyar fiye da kilomita 4,000. A hanya ƙafafun da ake ɗora kyamara suka salwanta, dole ya riƙe ta a hannu yana bin mutane duk inda suka nufa. Haka salonsa ya samo asali.

To, ga wurin da nake so ku saurara da kyau. A 1954 ya koma Ayorou, wani gari a bakin kogin, ya kafa farin zane, ya haska wa Sorkawa, masuntan kogin, majigin farautar dorina da ya ɗauka a wurinsu. Suka kalla, suka sake kallo, sannan suka ce: wannan kiɗa da ka sa fa? Ai dorina tana ji a ƙarƙashin ruwa, kiɗa ƙarfin zuciya zai ƙara mata. Ya amsa kuskurensa, ya cire kiɗan. A zamanin mulkin mallaka, Bature nawa ne zai zauna masunta su gyara masa aiki?

Ya sha suka kuma, kuma sukan da gaskiyarsa. Ousmane Sembène, mai shirya fim na Senegal, ya faɗa masa ido da ido cewa yana kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Duk da haka a hannun Rouch ne Oumarou Ganda, ɗan Nijar, ya fara fitowa a fim a 1958, kafin ya zama gwanin shirya fim da kansa. Tare da Boubou Hama, marubucin tarihi ɗan Nijar, Rouch ya yi fim kan yaƙe-yaƙen Babatu, wani mayaƙin Zabarmawa, a 1976. A ƙasar Dogon ta Mali kuwa, daga 1967 ya yi shekaru yana ɗaukar bikin Sigi, wanda sai bayan shekara 60 ake maimaitawa.

Ranar 18 ga Fabrairu 2004, da dare, motarsu ta yi haɗari kusa da Birnin Ƙonni a jihar Tawa. Yana da shekara 86. A Yamai aka binne shi.