Quino da Yarinyar da Ta Ƙi Shan Romo

Malam: Jama'a, barkanmu da war haka. Yau mun nufi Ajantina, amma Auta, ba maganar Messi za mu yi ba.

Auta: Kash, Malam! Na riga na shirya musu.

Hajiya: Ajiye shi sai wani makon. Yau Quino ne, mai zanen barkwanci. Sunansa na yanka Joaquín Salvador Lavado, an haife shi a Mendoza a 1932. Kawunsa ma Joaquín ne, kuma mai zane ne, shi ya sa gida suka laƙaba wa yaron Quino don a bambance su.

Auta: To me ya zana da har ya ture mana Messi?

Hajiya: Wata 'yar shekara shida, Mafalda. Gashi baƙi cunkus da ɗan ribom a ka, ga baki. Za ka gan ta ta kwantar da ƙwallon taswirar duniya a gado tana jinyarsa, wai duniya ba ta da lafiya. Kunkurunta kuwa sunansa Burocracia, wato jan ƙafar aikin ofis.

Auta: Wannan ta taɓa bin fayil ke nan.

Malam: Abin dariyar, don tallan kayan lantarki na gida aka fara ƙirƙirarta. Tallan ya sha ruwa, sai mujallar Primera Plana ta fara buga ta a Satumban 1964.

Auta: Romon fa? Na ji an ce ba ta ƙaunarsa.

Malam: Ko kusa. Uwa ta ajiye kwano, Mafalda ta murtuke fuska. Quino da bakinsa ya bayyana cewa romon nan mulkin soja ne, abin da ake ɗura wa mutane dole. Ka tuna sojoji sun karɓi mulki a 1966. Abin da babba ba zai iya faɗa a jarida ba, yarinya ta faɗa, a yi dariya a wuce.

Hajiya: Malam, ban yarda an wuce ba. A Sifen, zamanin mulkin kama-karya na Janar Franco, sai da aka rubuta a bangon littafin cewa na manya ne. Kuma a Yulin 1976, da aka kashe limaman coci uku da ɗalibansu biyu a cocin San Patricio da ke Buenos Aires, zanen Mafalda tana nuna kulkin ɗan sanda aka bari a kan ɗaya daga cikin gawarwakin.

Auta: Subhanallahi.

Hajiya: A shekarar Quino ya koma Milan da zama.

Malam: Lokacin ma ya riga ya daina zana ta, tun Yunin 1973, tana tsakiyar tashe. Ya ce ba ya so ya riƙa maimaita kansa. Ni nan ya burge ni, don da wani ne sai ya tatse ta har ta ƙafe.

Auta: Ko dai tsoro ne?

Malam: Da tsoron ma, ba na musu. Amma ya ci gaba da zanen da yake caccakar masu mulki da masu kuɗi, wani ko kalma ɗaya babu. Ya sake ɗauko Mafalda don UNICEF, kan haƙƙin yara. Ya rasu a Mendoza a 2020.

Hajiya: Yanzu in ka je unguwar San Telmo da ke Buenos Aires, mutum-mutuminta na zaune a kan benci, ana bin layi don ɗaukar hoto.

Auta: Hajiya, a yi mini alƙawari, mako mai zuwa Messi.

Hajiya: Sai ka shanye romonka tukuna.