Jawabin Maraba ga Farfesa Abdulrazak Gurnah a Kano

Da sunan Allah Mai rahama, Mai jin ƙai. Shugaban taro, iyayenmu malamai, 'yan'uwa marubuta, ɗalibai maza da mata, assalamu alaikum.

Ranka ya daɗe, Farfesa Abdulrazak Gurnah, sannu da zuwa, sannu da hanya. A Zanzibar inda aka haife ka a 1948, idan yaro ya gai da babba da harshen Swahili ya ce "shikamoo", babban kan amsa da "marahaba". Mu ma da wannan kalma muke tarbar baƙo. Alƙalaminmu shi ne "kalamu" ɗinku, malaminmu kuma shi ne "mwalimu". Saboda haka ko tafinta bai buɗe baki ba, na san ka ji mu: maraba, lale, Malam.

Da gangan na ce Malam. Duniya ta fi saninka da kyautar Nobel ta adabi da aka ba ka a watan Oktoba na 2021, ranar da waya ta same ka a kicin kana haɗa shayi, har ka ɗauka wani ne ke tsokanarka. Amma Kano ta riga duniya. A 1980 ka shigo garin nan ka kama koyarwa a Jami'ar Bayero, wadda a lokacin shekararta 3 kacal da zama cikakkiyar jami'a. Ba ka fitar da littafin labari ko ɗaya ba tukuna, domin na farkon sai a 1987 ya fito. Matashin malami ne kawai ɗan shekara 30 da 'yan kai, da alli a hannu, a gaban 'ya'yan manoma da 'yan kasuwa waɗanda Turanci ba shi ne harshen da suka sha a nono ba, kamar yadda kai ma ba naka ba ne.

A cikin waɗannan shekaru ne ka kammala digirin digirgir a Jami'ar Kent da ke Ingila, a 1982. Ina so ɗalibanmu su riƙe abin da ka yi nazari a kai: ma'aunin da ake amfani da shi wajen tarke, wato nazari da sharhi, na ƙagaggun labaran Afirka ta Yamma. Wato tambayar ita ce, wa ke riƙe da mudun da ake auna rubutunmu, kuma a wace kasuwa aka sassaƙa mudun? Har yau tambayar nan ba ta tsufa ba. Duk wanda ya taɓa duba kundin ɗalibi a sashen adabi ya ga yadda yaro kan ɗauko ra'in wani Bature, wato tsarinsa na nazari, ya ɗora wa labarin da aka rubuta a Fagge ko Gwammaja, ya matsa, ya danna, sai ya shiga ko da labarin zai karye. Kai tun sama da shekara 40 da suka wuce ka zauna ka tuhumi mudun kansa.

Daga nan ka koma Kent, ka yi ta koyarwa har ka kai matsayin farfesan adabin Ingilishi da adabin bayan mulkin mallaka, ka yi ritaya a 2017. Ka tace kundaye 2 na maƙalu kan rubutun Afirka, ka kuma daɗe kana hidima wa mujallar Wasafiri, wadda sunanta ma da Swahili yake nufin matafiya. Wannan ɓangare na rayuwarka ba a cika buga shi a jarida ba, alhali shi ne ya cinye mafi yawan kwanakinka: shiga aji, duba jarrabawa, zama da ɗalibin da babinsa na 3 ya ƙi tsayuwa. Mu da muke cin abinci da wannan sana'a mun san nauyinta, kuma mun san da wuya mutum ya fito daga cikinta da sauran ƙarfin rubuta nasa. Kai kuwa ka fito da littattafan labari 10 kafin Nobel ta zo.

Ɗaya zan ambata, domin shi ne ya fi kama zukatan masu karatu a nan. A cikin Paradise, wanda ya fito a 1994, uba ne ya jinginar da ɗansa Yusuf ga wani attajiri saboda bashi, yaron ya tashi a kanti, daga baya ya bi ayari zuwa cikin ƙasa, ga kuma Jamusawa suna matsowa da bindiga. Bahaushe bai buƙatar a yi masa sharhin wannan. Kakanninmu fatake sun bi madugu zuwa Gwanja neman goro, sun biya fito a bakin kogi, sun kwana a zango, wasu ba su dawo ba. Kuma duk wanda ya zauna a makarantar allo zai ji ƙamshin ƙissar Annabi Yusuf a cikin labarin tun kafin malami ya nuna masa. Ka rubuta Musulmin gabar teku da Turanci ba tare da ka mai da su abin kallo ba, kuma wannan ba ƙaramin abu ba ne a wurinmu.

Mun san ba da son ranka ka bar gida ba. Kana ɗan shekara 18 ka fita, bayan juyin juya halin 1964 da abin da ya biyo bayansa, kuma sai a 1984 ka samu komawa ka ga mahaifinka, gab da rasuwarsa. Allah Ya jiƙansa da rahama.

Ranka ya daɗe, baƙo ba ya tafiya ba a kai masa kuka ba, ga namu. An fassara Paradise zuwa Swahili, mun yi murna. Muna roƙon ka sa baki a samu izinin mayar da shi Hausa, domin a garin nan akwai dubban mata da matasa da ke karanta labari kullum, a takarda da kuma a waya, amma da harshensu. Muna da masu iya aikin, wasunsu suna zaune a ɗakin nan. Na biyu kuma, ka ba ɗalibanmu ko da awa ɗaya ce bayan an tashi, su kaɗai, ba mu a wurin, domin sun fi sakin jiki idan ba sa ganin idon malamansu.

Ga ruwa nan a gabanka, ka jiƙa maƙogwaro. Jama'a, a tashi a tarbi Malam. Bismillah, Farfesa, ga abin magana.