Amsoshin Tambayoyinku: Wangari Maathai, Daga Ɗakin Bincike Zuwa Majalisar Dokokin Kenya

Masu sauraro, barkanmu da sake saduwa a filin Amsoshin Tambayoyinku. Wasiƙar farko a yau ta fito ne daga wata malamar makarantar sakandare a Zariya, wadda ke son sanin ko marigayiya Wangari Maathai ta ƙasar Kenya masaniyar kimiyya ce da gaske, ko kuwa 'yar gwagwarmayar dashen itatuwa ce kawai da aka liƙa wa sunan farfesa.

Malama, farfesa ce ta haƙiƙa, kuma da guminta ta kai wannan matsayi. An haife ta ranar 1 ga Afrilun 1940 a ƙauyen Ihithe da ke yankin Nyeri, kuma tana cikin ɗaliban Kenya da aka kwasa zuwa Amurka ƙaro ilimi a 1960. Ta yi digirin farko a fannin nazarin halittu a jihar Kansas, ta yi na biyu a Jami'ar Pittsburgh, sannan a 1971 ta kammala digirin digirgir a Jami'ar Nairobi kan tsarin halittar jikin dabbobi, abin da babu macen da ta riga ta samu a gabashi da tsakiyar Afirka. A 1976 ta zama shugabar sashenta.

Abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne binciken ne ya kai ta ga bishiya. Ta riƙa shiga karkara tana cire kaska daga jikin shanu domin nazarin cutar da kaskar ke yaɗawa, sai ta lura cewa shanun sun rame har ana iya ƙirga haƙarƙarinsu, ciyawa ta yi ƙaranci, koguna kuma sun yi jajir da ƙasar da ruwan sama ya kwaso daga tsaunukan da aka sare wa itatuwa. Nan ta gane cewa yunwa da lalacewar ƙasa sun fi kaska yi wa dabbobin illa. A daidai lokacin matan karkara na kukan nisan itacen girki da ƙafewar maɓuɓɓugan ruwa, shi ya sa a 1977 ta kafa ƙungiyar Green Belt Movement, wadda ke ba mata ɗan ihisani kan kowane dashen da ya rayu, ba kan wanda aka binne aka yi tafiya ba.

Sai kuma wani mai sauraronmu daga Maraɗi, wanda ya ce a yi masa bayanin yadda ta shiga majalisa da abin da ta taɓuka a can.

Malam, shekara 20 ta yi tana ƙwanƙwasa wannan ƙofa. A 1982 ta ajiye aikin jami'a domin tsayawa takara, kamar yadda doka ta tanada, amma aka hana ta tsayawa bisa wani dalili na rajistar zaɓe, jami'ar kuma ta ƙi mayar da ita, har gidan da take ciki aka karɓe. Ba ga tsuntsu ba ga tarko ke nan. A 1989 ta ja daga da gwamnatin Daniel arap Moi kan shirin gina bene mai hawa 60 a dandalin shaƙatawa na Uhuru da ke Nairobi, kuma a zauren majalisar da daga baya ta zauna a ciki aka yi ta yi mata ba'a ana goranta mata mutuwar aurenta. Ginin dai bai yiwu ba. Ta nemi kujerar majalisa da ta shugaban ƙasa a 1997 ta sha kaye, a 1999 kuma aka fasa mata kai a dajin Karura lokacin da ta je dasa itace a filin da ake rabawa masu uwa a gindin murhu.

Sai a watan Disambar 2002, da 'yan adawa suka dunƙule a ƙawancen NARC suka kawar da jam'iyyar KANU mai mulki, ta lashe mazaɓar Tetu da ke yankin Nyeri da kashi 98 cikin 100 na ƙuri'u. Shugaba Mwai Kibaki ya naɗa ta mataimakiyar ministan muhalli a farkon 2003, kuma tana kan wannan muƙami aka ba ta kyautar Nobel ta zaman lafiya a 2004, mace ta farko daga Afirka da ta samu. A ganinmu muƙamin ya yi mata kaɗan, domin mataimaki ba ya zama a majalisar ministoci inda ake yanke shawara, kuma kasancewarta cikin gwamnati ya rage mata kaifin harshen da aka san ta da shi. Tasirinta a wajen majalisa ya fi na ciki nesa ba kusa ba.

Mai tambayar ya ƙara da cewa yana mamakin yadda mai kyautar Nobel za ta faɗi zaɓe. To, Nyeri mahaifar Kibaki ce, kuma jama'ar yankin na auna ɗan siyasa da irin biyayyarsa ga shugaban. Bayan da gwamnati ta sha kaye a ƙuri'ar raba gardama kan tsarin mulki a Nuwamban 2005, Kibaki ya rusa majalisar ministocinsa, ita kuwa ba ta koma kujerarta ba. A 2007 ta faɗi zaɓen fid da gwani na jam'iyyar shugaban, ta tsaya a ƙaramar jam'iyya, ta sake faɗuwa. Wa'adi ɗaya tak ta yi a majalisa, ta ci gaba da aikin ƙungiyarta har cutar daji ta yi ajalinta a Nairobi ranar 25 ga Satumbar 2011, tana da shekara 71.