Lissafin Danshin Iska da Shanyar Gyaɗa

Assalamu alaikum iyayena da 'yan'uwana manoman karkarar Gumel da Maigatari. Daga ƙasar Maleshiya nake magana da ku, kuma na'urar auna danshi da ke hannuna tana nuna kashi 80 cikin 100. Tun da kaka ta gabato, ya kamata mu san abin da wannan lamba take nufi.

Iska tana ɗauke da tururin ruwa wanda ido ba ya gani, sai dai akwai iyakar abin da za ta iya ɗauka, iyakar kuma tana ƙaruwa idan zafi ya ƙaru. Ku ƙaddara akwati mai mita 1 a tsawo da faɗi da zurfi. A zafin digiri 30, iskar cikinsa tana ƙoshi da kusan giram 30 na ruwa, a digiri 20 kuwa giram 17 ya ishe ta. Lissafin shi ne a raba ruwan da ke cikin iskar da iyakar da za ta iya ɗauka, sannan a ninka sau 100. Idan da rana akwai giram 15 a digiri 30, danshin kashi 50 ne. Da dare ya tsala zafi ya sauka zuwa digiri 20, wannan giram 15 ɗin zai ba da kashi 88, alhali ko ɗigo ba a ƙara ba. In sanyin ya ƙara sauka kaɗan, sai raɓa ta zubo.

Saboda haka nake ganin kuskure ne babba a bar shanyar gyaɗa ta kwana a buɗe, domin da asuba takan sake jan laimar da rana ta fitar. Danshin da ya haura kashi 70 a rumbu yana gayyato funfuna, ita kuma a jikin gyaɗa da masara tana iya haifar da gubar da ke lalata hanta.

Hunturu kuwa akasin haka yake, don da rana danshi yakan faɗi ƙasa da kashi 20, leɓe ya tsage, ruwan randa ya yi sanyi ƙarara saboda busasshiyar iska tana zuƙe gumin jikinta. A kan wannan hikima Malam Mohammed Bah Abba ya yaɗa tukunya cikin tukunya da jiƙaƙƙen yashi a tsakani a ƙauyukan Jigawa, har ya sami lambar yabo ta Rolex a shekarar 2000. Duk mai ajiye tumatir a cikinta ya sani cewa a watan Agusta sanyinta yakan ragu, domin iskar damina ta riga ta kusa ƙoshi.